Arvella: Rabi Nasa, Rabi Nata

Laurel Fork, Kentucky
Watan Yuni

Zuwa ga yayata Othella,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri cikin sunan Ubangiji, ina fata takardar nan ta same ki lafiya, ke da ɗiyarki Rhonda da maigidanta da yara. Yaya ƙafa? Rhonda ta ce kumburin ya ragu tun da aka canza miki magani, Allah ya ƙara sauƙi, ya bar mana ke. Yaya kuma zafin Arizona? Har yau na kasa gane yadda mutumin da aka haifa a gindin dutse cikin inuwa zai je ya zauna a wurin da ko ciyawa ba ta yarda ta fito ba, amma tunda ƙirjinki ya fi son can, shi ke nan. Mu a nan lafiya lau, sai godiya. Ruwa ya yi yawa bana, rafi ya cika har ya taɓa gadar katako. Wakena ya yi kyau, kabeji kuwa barewa ta riga ni. Fasto Elmer ya ajiye aiki, an kawo mana wani matashi mai karanta wa'azi daga waya, ba laifi, sai dai bai san tsayawa ba. 'Yata Shawna tana nan tana fama da aikin asibiti. 'Yarta Kinsley, matar Dalton, cikinta ya tsufa, likita ya ce mace ce, ana sa ran saukarta a watan Agusta, ki sa ta a addu'a.

To, gaisuwa ta ƙare, Yaya. Kin san abin da ya sa na ɗauki biro, ni da rabona da rubuta wasiƙa tun marigayi mijina Hershel yana soja. Na kira ki a waya, kina jin na ambaci Gwaggo Zelphia sai kunnenki ya mutu, kika ce layin ba kyau. Na sake kira, kika cika ni da labarin maƙwabciyarki mai karnuka har na gaji na ajiye. Da na kuma gwadawa Rhonda ce ta ɗauka, ta ce kin kwanta, alhali ina jiyo muryarki a bayanta kina faɗa da talabijin. Takarda dai ba ta da layi mara kyau. Ki sa gilashinki ki karanta har ƙarshe, domin raina a ɓace yake, kuma da ke nake.

Bari in faro miki daga farko. A watan Afrilu Kinsley ta same ni a kicin ina kwaɓa burodin masara, ta zauna da ƙyar, ta ce, "Kaka, mun gama shawara da Dalton, sunanki za mu sa wa yarinyar." Wallahi sai da na ajiye cokali na yi kuka. Kin san yadda sunan nan yake. Shekara saba'in da ɗaya ina duniya ban taɓa haɗuwa da wata Arvella ido da ido ba, sau ɗaya na ga sunan a jarida, shi ma a shafin rasuwa. Shawna da ta haihu ko kallonsa ba ta yi ba, ta ce sunan tsofaffi ne, ta je ta ɗauko Kinsley, suna kamar na kamfanin taya. Yanzu ga shi mai sunan tayar ce ta dawo tana son nawa. Ta ce ta duba a waya, sunan ya ɗan yi tashe a zamanin iyayenmu, yanzu kuwa da wuya a sa wa jaririya, kuma abin da ya burge ta ke nan, don ba ta son 'yarta ta shiga aji malama ta kira suna yara uku su waiwayo. Abu ɗaya ya dame ta. Ta ce wani shafi ya ce sunan daga Latin yake, wani ya ce daga Jamus, kowa da ma'anarsa, amma babu wanda ya ambaci Cherokee. Na ce mata wayar nan ba ta san kakarmu ba, ta yaya za ta sani? Na sake ba ta labarin kamar yadda kika ba ni: kakar kakarmu Arvella, 'yar ƙabilar Cherokee, mutanen asalin ƙasar nan kafin zuwan Turawa, wadda ta ƙi barin dutsen nan, kuma ma'anar sunan ita ce ruwan da ke ɓulɓulowa daga dutse. Dalton, yaron kirki, har ya sayo fenti ya zana dutse da ruwa a bangon ɗakin jaririyar.

Sai ranar gyaran kaburbura ta zo. Kin daɗe ba ki halarta ba, amma babu abin da ya canza. Maza sun yanke ciyawa, mu mun wanke duwatsu mun jera furanni, aka yi waƙa da addu'a, aka shimfiɗa abinci a ƙarƙashin babbar bishiya. Ɗan'uwanmu Junior ya ɗauko Gwaggo Zelphia a bayan motarsa da kujerarta da bargonta. Ta haura casa'in, ita kaɗai ta rage a ɗakin su Baba, tunaninta yana zuwa yana tafiya, amma bakin nan yana nan yadda kika san shi. Kinsley ta tsuguna gabanta da waya a hannu don ta naɗi murya, ta roƙe ta ta ba ta labarin Kaka Arvella ta Cherokee. Gwaggo tana riƙe da cinyar kaza ta dube ta sheƙeƙe ta ce, "Wace kaka kuma? Ke 'yar nan, mu ba mu da wata Cherokee a danginmu sai tsohuwar motar Junior mai wannan sunan." Aka yi dariya, har da ni. Sai ta ƙara da cewa, "Arvel da Ella ne mana, kowa ya sani. Arvel, Ella. Duk karatunku ba ku iya haɗa baƙi ba?" Ella dai Mama ce. Na tambaye ta wane ne Arvel, ina murmushi, don na ɗauka ruɗewar tsufa ce. Ta nuna da ƙashin kazar nan wajen dutsen da ba rubutu, na can gefen shinge, ta ce, "Red mana! Ke da kike zuba masa furanni tun kina 'yar mitsitsiya, ba ki san sunan ubanki ba?"

Yaya, ba maganar ce ta fi kashe ni ba, shirun da ya biyo baya ne. Ba shirun mamaki ba ne. Na dubi fuskokin tsofaffin nan ɗaya bayan ɗaya, babu wanda ya buɗe baki. Junior ya sunkuyar da kai cikin farantinsa, Verlene ta cocinmu ta miƙe tana tambayar wa zai ƙara kek ɗin tuffa. Ashe duk kwarin nan an sani. Matan da na yi zaman coci da su, waɗanda muka yi ɗinkin bargo tare, waɗanda na yi wa jinya na yi wa zaman makoki, kowacce ta sani tun tana yarinya. Ni kaɗai ce nake yawo da amsar a goshina, ana kirana da ita safe da yamma, ina amsawa.

Abin dariya ma, in da ina da ƙarfin dariyar, ni ce gwanar warware sunayen mutane. Wa ya kai ni? Verlene, Vernon da Arlene. Claudean, Claude da Jean. Ke kanki Othella, Otha da Ella, tun ina ƙarama na san wannan, har ina jin kishi don kin samu sunan Baba ni ban samu ba. Al'adarmu ce, a ɗauki rabin uba a ɗauki rabin uwa a ɗinke wa 'ya mace. Duk jaririyar da aka kawo coci ni ake tambaya, Arvella, warware mana wannan. Amma ban taɓa sa wuƙa a nawa ba. Me zai sa in sa? An riga an ba ni labari, mai kyau kuwa. Shi kuma Baffa Red, ƙanen Baba, ban taɓa jin wani ya kira shi da wani suna ba sai Red, saboda jan gashinsa, ya rasu a ramin kwal kafin a haife ni, dutsen kabarinsa kuwa ko harafi babu. Ni ma jan gashi gare ni, kika ce min na dangin Mama na gado.

Kin tuna ranar da kika ba ni labarin? Ni ban manta ba. Ina aji biyu na dawo daga makaranta da kuka, don Wanda Faye ta ce mamarta ta ce sunana ma kaɗai tonon asiri ne. Ban san ma'anar maganar ba, na dai san zagi ce. Kika ja hannuna zuwa idon ruwan bayan gida, kika wanke min fuska, kika nuna min inda ruwan yake fitowa daga dutse, kika ce wannan shi ne sunana, kuma su Wanda Faye baƙin ciki suke yi don ba su da kaka irin tamu. Washegari na je makaranta ina taƙama kamar an naɗa ni sarauta. Wannan yarinyar mai shekara goma sha bakwai da ta ga ƙanwarta tana kuka ta ƙirƙiro abin da za ta rarrashe ta da shi, na yafe mata, har na gode mata. Wadda ban yafe wa ba ita ce matar da ta girma ta yi furfura ta ci gaba. Ranar da muka binne Mama kina kusa da ni. Bayan mun binne Baba muka kwana biyu muna raba kayansa mu kaɗai a gidan, ba ki ce komai ba. Da mijinki Coy ya rasu na bar gidana na zo na zauna da ke har kika dawo hayyacinki, muka yi hirar duniya kaf, har abin da ba a faɗa wa fasto, wannan dai kika riƙe. Ba ma riƙewa kaɗai ba, ƙari kike yi. Wata shekara kika ce gashin kakar nan har gwiwa, wata shekara kika ce tana maganin saran maciji. Kina zaune a taron mata na tashi na ba da labarinta gaban su Verlene, kina gyaɗa kai. Yanzu in na tuna fuskokinsu a ranar sai in ji kamar in tona ƙasa in shige. Kin bar ni na yi ta rawa a gaban mutane da tsagaggen siket, ke kuma kina tafa min.

Mama ba na jin haushinta kamar yadda na zata. Baba yana Detroit a masana'antar mota shekara da shekaru, sai ya ga dama yake leƙowa, ita tana nan da ke da gona da saniya, ƙanensa ne mai faskara mata itace. Ba na cewa ta kyauta, Allah ne mai hukunci, kuma ta riga ta je gabansa. Yanzu na gane abin da ya sa kowace shekara ni take miƙa wa furannin kabarin Red, ba ke ba, da abin da ya sa Baba yake tuna cewa ya bar wani abu a mota daidai lokacin. Ta yi iya abin da za ta iya ba tare da ta buɗe baki ba. Ke kuwa ba abin da ya ɗaure bakinki bayan sun tafi.

Amma ba don in zazzage miki fushi kaɗai na rubuto ba, akwai abin da nake nema a wurinki. Bayan kwana biyu na dafa wake na kai wa Gwaggo da hantsi, lokacin da kanta ya fi zama daidai. Na tambaye ta yadda Mama ta yi ƙarfin halin sa min wannan suna a gidan mijinta. Ta ce, "Ella? Ina Ella ta ga wannan zuciyar! Otha ne ya raɗa." Ta ce Baba ya dawo daga Detroit bayan an binne Red, ya tarar da ciki, ya iya lissafi kamar kowa, bai ce uffan ba har ranar haihuwa. Da ungozoma ta tambayi sunan da za a sa, Mama ta juya fuska bango, shi ya tsaya a bakin ƙofa ya ce Arvella. Daga nan ya kori kowa waje ya rufe ƙofa, ya yi magana da Mama. Na tambaye ta me ya ce, ta ce ita tana tsakar gida, ba ta ji ba, "amma ki tambayi yayarki, ta maƙale a bayan murhu ta ƙi fita, kunnen nan nata kamar na zomo."

Kin ga inda aka bar ni. Mutum zai iya sa wannan suna don ya hukunta matarsa, ta yadda duk ranar da ta leƙa taga ta kira 'yarta cin abinci sai ta yi shelar laifinta da bakinta duk kwari ya ji. Kuma mutum zai iya sa shi don ƙanensa ya mutu bai bar komai a duniya ba sai wannan jaririya, ya ce to a ba ta haƙƙinta kamar kowace 'ya, rabin uba rabin uwa, ni kuma zan riƙe ta. Baba zai iya yin kowanne, kin san shi. Mutumin da ya yi shekara bai yi wa maƙwabci magana ba saboda shinge, shi ne kuma ya goya ni cikin ƙanƙara ya kai ni wurin likita. Na juya maganar nan ta kowace fuska na rasa inda za ta zauna.

Ga kuma Birdie. Kin san Baba bai taɓa kirana Arvella ba, kullum Birdie, 'yar tsuntsuwarsa. Na yi ta yi miki gori da shi muna yara, ina cewa ke sunanki kawai yake kira, ni kuwa har da na shagwaɓa. Kika bar ni ina gori. Yanzu ban sani ba ko ƙauna ce, ko kuwa sunan ne ba ya iya wucewa ta maƙogwaronsa. Akwai kuma abin da ban taɓa faɗa wa kowa ba sai ke da Hershel. Ranar da Baba zai rasu, kina hanya ba ki iso ba, ina riƙe da hannunsa ya buɗe ido ya ce, "Arvel," numfashi ya sarƙe shi, sannan ya ce, "Ella." Na ɗauka sunana ya kira, na farko kuma na ƙarshe, numfashi ne ya raba shi biyu. Shekara talatin ina riƙe da wannan kamar zinariya. Da na ba ki labari a wurin makoki kika rungume ni kika ce lallai ni ya kira. To ni ya kira, ko mutum biyun da suka riga shi tafiya ya hango? Wannan kam na san ba ki da amsarsa, babu mai ita. Amma da kin gaya min gaskiya tun da wuri, da na tambaye shi da bakina yana da rai. Wannan damar kika cinye min, kuma ba ta dawowa.

Kinsley ta zo shekaranjiya, idonta ya kumbura, tana ganin laifinta ne. Ta ce, "Kaka, ni ba ruwana da Cherokee, ba ruwana da Red, ke na sani, sunanki nake so. Amma in kika ce a'a, ba zan sa ba." Dalton ya tambaya ko ya shafe zanen bango, na ce ya dakata. Maganar tana hannuna ke nan, kuma Agusta ba nisa. In bulala ce aka yi sunan nan da ita don a daki Mama, wallahi ba zan ɗora shi a kan jaririyar da ba ta san hawa ba ta san sauka ba, gara ya bi ni kabari ya ƙare a kaina. In kuwa rahama ce, to babu sunan da ya fi shi a dutsen nan, kuma da kaina zan ba yarinyar labarinsa na gaskiya in Allah ya kai ni. Mutum uku ne a ɗakin nan da suka ji abin da aka faɗa, biyu suna kan tudu ƙarƙashin furanni. Saura ke.

Don haka ki zauna ki rubuto min abin da Baba ya ce wa Mama, kalma da kalma, yadda ya fito daga bakinsa. Kada ki gyara, kada ki sa masa sukari, ni ba 'yar aji biyu ba ce. Kuma ki san wani abu, don shi ne ya fi hana ni sukuni. In kika rubuto min mummunar magana, zan yarda nan take. In kika rubuto mai daɗi, wadda nake roƙon Allah ta kasance ita ce gaskiya, ban san yadda zan yi in yarda da ke ba. A da, ke ce wadda in ta ce min ruwa na gudu sama zan ce haka ne, yanzu kuwa na kasa. Abin da kika yi min ke nan, Yaya. Duk da haka ki rubuto, don ba ni da wata yayar.

Ki gaida Rhonda, ki ce mata ƙarya ba ta karɓe ta ba, ta bar wa masu iyawa. Ki gaida maigidanta Glen da yara, su Tucker da ƙaramar Maisie, Allah ya raya su. Shawna da Kinsley da Dalton suna gaishe ki, Junior ma haka, Verlene ta ce a gaishe ki amma ban amsa mata ba tukuna. Gwaggo Zelphia ta manta ta faɗi komai, tana tambaya yaushe za ki zo. Na sa furanni a kabarin Coy a madadinki kamar kullum, na sa wa Mama da Baba. Na Red na riga na sa tun da safe kafin a zauna cin abinci, ban koma wajen ba tukuna. Allah ya ƙara miki lafiya, ya tsare ki, ya ba ki ƙarfin riƙe biro.

Na daɗe ina kallon ƙasan takardar nan ban san da wane suna zan rufe ba. Birdie ba na iyawa yanzu.

Ƙanwarki, ko da ta ɗaki ɗaya ce kawai,
Arvella